Kiɗa na Bakwai

Karo na shida ke nan darakta Don Fidencio ya girgiza kai tun goge na ƙarshe bai yi shiru ba.

Anselmo Barragán ya ajiye sandar da yake jagorantar makaɗa da ita, ya haɗiye abin da ya taso masa. Shekara ashirin da biyu yana rubuta wa finafinan Meziko kiɗa, a Paris ya yi karatu, amma ga darakta guda ya mai da shi ɗan koyo a gaban makaɗa arba'in. Kuma duk a kan minti uku ne, inda uwa ke binne ɗanta soja a ƙarshen fim. Masu kamfani sun riga sun faɗa masa, in Juma'a ta wuce darakta bai amince ba, za su kira wani, su cire sunansa. A wannan sana'a kuwa, wanda aka cire sau ɗaya ba a sake nemansa.

Wulaƙancin ya fi komai ci masa rai. Kowane darakta a baya yake zama yana kallon majigi. Shi wannan tsoho sai ya ja kujera tsakiyar masu goge, ya ba majigin baya, ya zuba wa Anselmo ido kamar mai gadin fursuna, ya kuma hana a rage fitila. In ya ba ka baya, ko sau goma ka kira shi ba ya waiwayowa. In ya buɗe baki, tsawa. An ce tun fim ɗin yaƙin nan nasa mai yawan nakiya girman kai ya hau shi.

Anselmo ya kai kukansa wurin Doña Eulalia, mai yanka fim da haɗa shi, wadda ta shekara talatin tana aiki da tsohon. Ko ajiye tamal ɗin da take ci, wato alalar masara, ba ta yi ba.

"Maestro, a cikin shidan nan wanne ya taɓa ka kai?"

Ya fita ransa a ɓace. Ana maganar sana'a, tana zancen taɓawa.

Ranar Juma'a da gayya ya zo. Tunda tsohon bai san zuma ba, a ba shi maɗi. Ya sallami makaɗan, ya bar mai jita ɗaya, ya miƙa masa takardar wata waƙar ƙauye da mahaifiyarsa ke rerawa tana niƙa masara a Jalisco. Kunyar waƙar yake ji tun yana saurayi, bai kuma sake bi ta kanta ba tun da aka binne tsohuwar yana can Paris.

Ya ɗaga sanda yana murmushin mugunta. Kafin minti ɗaya majigin ya dushe masa. Ya ji haushin kansa, ya kasa tsayar da hawayen.

"Wannan ne!" in ji Don Fidencio da tsawarsa. Ya ɗauki hularsa ya nufi ƙofa.

Anselmo ya bi bayansa da ihu, yana tambayar me ya ji a nan da bai ji a aikin wata biyu ba. Tsohon bai waiwayo ba. Doña Eulalia ce ta riƙo hannun rigarsa.

"Kar ka ƙarar da muryarka, Maestro. Shekara huɗu ke nan ko aradu ba ya ji. Fuskarka yake kallo."