Idon Mma Azara

Babana mai zanen barkwanci ne, daga ɗakinsa a unguwar Nyohini yake aika wa jarida. Wata rana da la'asar yana zana wani minista mai ƙaton tumbi, zaune kan famfon da ya ƙafe. Ina shekara tara, na ɗauki alƙalaminsa na zana Mma Azara, mai suyar doya a ƙofar gidanmu. Idonta na hagu ya lalace, sai na mai da shi ƙato kamar dafaffen ƙwai. Na kai wa Baba ina jiran yabo.

Ya daɗe yana kallo, bai yi dariya ba.

"Wannan ministan, ruwa ya hana mu," in ji shi. "Ita me ta hana ki?"

Kafin in sami amsa, sai ga Mma Azara ta yi sallama, ta kawo masa doya. Takardar tana kan tebur. Ta gane kanta.

"Yarinyar nan ta iya zane, Malam," ta ce a hankali. Ta ja mayafi ta rufe gefen fuskarta.

Tun daga ranar, kullum nakan wuce ta gabanta in sunkuyar da kai. Har ta rasu ban ba ta haƙuri ba.