Katangar da ta ƙi tsayawa

Ranar da alƙali ya ce a dakatar da ginin, layin bulo bakwai ne a tsaye. Malamin gandun daji ya ƙirga su da sandarsa a gaban kowa, ya ɗauki hoto. Bayan sati uku sai ga su goma sha ɗaya.

Ginin na Dogo ne, makaniki. Gareji ya so ya yi a bakin gandun daji, inda hukuma ta kafa duwatsu masu farin fenti, ta ce ko tsinke kada a cire. An gaya masa gininsa ya shiga gandun da taku ashirin, ya ce duwatsun ne suka matso. Kunnen ƙashi ke nan. Sai da ya tsaya a kotu aka kira sunansa har da na ubansa, sannan jikinsa ya yi sanyi.

Alƙali bai ja magana ba. "Kafin in gama duba shari'ar nan, ko bulo ɗaya aka ƙara, kai zan ɗaure."

A ranar Dogo ya sallami ma'aikata. Ya kulle ɗakin siminti, ya dawo gida da makullin ya rataye a ƙusa bayan ƙofar falo. Sannan ya tara matarsa da ƙannensa, ya ja musu kunne, kada wanda ya bari Baba ya ji. Tsohon yana da hawan jini, likita ya ce a raba shi da tashin hankali, ya riƙa tattaki kowace safiya. Gidan da ya gina da hannunsa bai taɓa ganin sammaci ba, ba kuma daga bakin ɗansa zai ji an fara ba.

Sau ɗaya Baba ya tambaya, suna cin abinci. "Kwana biyu ban ga ka leƙa wajen ginin ba."

"Ma'aikatan ne suka gudu, Baba. Ka san mutanen yanzu."

Baba ya girgiza kai. "Ga ruwa ya kusa sauka."

Da sammaci na biyu ya zo, Dogo ya karanta shi a tsaye, ya sake karantawa a zaune. Raina umarnin kotu. Ya tafi wurin babban magininsa ya ci kwalarsa, mutumin ya rantse tun ranar sallama ƙafarsa ba ta taka wurin ba. Ya so ya je ya gani da idonsa, lauyansa ya ce in aka gan shi a can ya gama ɗaure kansa. Ya dawo gida ya duba ƙusa. Makulli na nan.

"Malamin dajin nan ne," in ji matarsa. "Tun da ka ce masa mai gadin itace yake neman ka."

Da wannan maganar Dogo ya shiga kotu, ƙirji a gaba. Ya ce sharri ne, ya ce a kawo littafi ya dafa. Malamin daji ya matso gaba. Ya ajiye hotuna biyu a gaban alƙali, na da da na yanzu, ya ce shi da la'asar yake zagaye, bai taɓa tarar da kowa ba, amma kullum simintin saman yana ɗanye.

"To aljanu ne suke maka aiki?" in ji alƙali. Aka yi dariya a baya, ya buga tebur. "A ba shi ya gani."

Dogo ya karɓi hoton. Layin sama huɗu sun fi na ƙasa miƙewa, kamar an ja su da zare. Ba siminti ko kaɗan da ya zuba a ƙasa. A kusurwa, kan bulon ƙarshe, an ja zane uku da bakin cokalin gini.

Ya daɗe yana kallon kusurwar nan. Lauyansa ya miƙe zai nemi a sa 'yan sanda su yi kwanton ɓauna da safe, a kama mai yi. Dogo ya riƙo rigarsa.

"Ranka ya daɗe, ba sai an sa kowa ba. Ni na yi."

"Yanzun nan kake neman abin dafawa," in ji alƙali.

"Ƙarya na yi."

Kwana talatin alƙali ya ba shi, ginin kuma a rushe shi cikin sati. Matarsa ta biyo shi har bakin mota tana kuka, tana tambayarsa ko asiri aka yi masa. Ya buɗe baki zai yi magana, ɗan sanda ya tura shi ciki. Abin da ta iya ji ta taga kawai shi ne, ta ce wa Baba ya yi tafiya, ta kuma ɓoye... Ƙarar mota ta cinye sauran.

Washegari da sassafe tana shara, ido a kumbure, Baba ya fito zai tafi tattaki. Ta durƙusa ta gaishe shi, ta ce ɗansa ya tafi sayen kayan mota, zai yi wata guda.

"Madalla," in ji tsohon. Ya miƙa hannu bayan ƙofa ya zare makullin daga ƙusa, ya gyara tsohon cokalin gininsa a ƙarƙashin riga. "Kada ki gaya masa, 'yata. Saura layi biyu in kai masa linta, saman ƙofa, kafin ya dawo."