Dokin da Aka Taɓa

Ƙasa ce ta zaftare a hanyar Medan ta tsare alƙalin wasa, shi ya sa aka taso Pak Ngadap Ginting daga cikin 'yan kallo aka ɗora masa aikin da bai nema ba. Tsoho ne mai noman kabeji a wani ƙauye can bayan dutse, amma manyan garin Kabanjahe ba su manta ya daɗe yana alƙalancin wasan ces ba, darar nan mai sarki da waziri da doki da giwa, kafin gwiwa ta zaunar da shi.

Ya roƙa a nemi wani, ya ce yana da tasa a wasan ƙarshe. Shugaban gasar, mutumin da bai taɓa barin kowa ya kai ƙarshen zance ba, ya dafa kafaɗarsa ya ce ai ya ga akwai 'yar Ginting a ciki, kuma ba komai, kowa ya san Pak Ngadap ba ya son kai. Kafin tsohon ya sake buɗe baki an tafa, an ja shi gaban tebur.

'Yan mata biyu ne suka rage, gurbi kuma ɗaya ne a makarantar horar da 'yan wasa. Wadda ta ci za ta tafi birni a ɗauki nauyin karatunta, ɗayar ta koma gida. Meriahta Ginting tana da baƙaƙen 'ya'yan wasa, Elpina Tarigan tana da farare. A ƙabilarsu ta Karo sunan dangi daga uba yake zuwa, kuma mai suna irin naka naka ne ko yau ka fara ganinsa. Don haka zauren ya rabu biyu, kowa ya bi sunansa, har waɗanda ba su san yadda doki ke tsalle ba.

Elpina ce a gaba, wannan ko mai sayar da kofi na bakin ƙofa ya gane. Ta takura sarkin baƙaƙe a lungu, saura ta lallaɓa ta ƙarasa. Pak Ngadap ya bar kallon allon ya koma kallon hannunta na hagu, wanda ya fara shawagi a kan 'ya'yan wasan. Ya san irin wannan hannun, mai riga kai yanke shawara, kuma alƙali ba shi da ikon ko gyaran murya.

Yatsunta suka sauka a kan doki. Nan take ta ga abin da ba ta gani ba: dokin shi ne ya kare wazirinta daga hari, in ya gusa, waziri ya tafi, wasa ya tafi. Ta janye hannu kamar ta taɓa murfin tukunya, ta tura giwa.

Meriahta ta tsayar da agogon wasa, ta ce an taɓa doki.

Dokar ba ta da kwana-kwana. Abin da ka taɓa shi za ka motsa, sai fa in ka riga ka ce gyarawa za ka yi. Elpina ba ta ce ba. Sai dai 'yan kallo suna nesa, jikinta ya kare musu allon, kuma in alƙali bai gani ba, maganar wannan ce da ta waccan, wasa ya ci gaba. Shugaban ya matso ya tambayi Elpina, ta sunkuyar da kai. Sannan ta ɗago ta dubi tsohon.

Da za a ba shi zaɓi a lokacin, da ya ba da gonarsa kaf a ce yana atishawa sa'ad da abin ya faru. Ya nemi ƙofar fita a cikin dokar da ya haddace tun yana saurayi, ya juya ta gaba da baya, bai samu ko taga ba. Tausayin yarinyar ya cika shi.

"Na gani," ya ce. "Mayar da giwa, ki motsa doki."

Ta motsa. Waziri ya faɗi, sauran suka bi shi ɗaya bayan ɗaya, shi kuwa yana tsaye a kanta yana kallo, don aikinsa ke nan. Da ta kwantar da sarkinta, alamar ta sallama, ta miƙa wa Meriahta hannu, ta fice ba ta waiwayo ba.

Mutanen Tarigan suka yi masa ca. Wani mai hular saƙa ya ce da ma wa ya aiki kowa ya sa Ginting alƙalancin Ginting. Wata mata ta ce tsofai-tsofai da shi, ya tauye 'yar mutane don ya gyara tasa. Na Ginting kuma suka fi ƙona masa rai, don su hannu suke ba shi suna kashe masa ido.

"Ka kyauta, Baba, jini ai ba wasa ba ne," in ji mahaifin Meriahta, yana ƙoƙarin tura masa ledar lemo.

Bai karɓa ba. Ya ɗauki lemarsa ya ɗingisa zuwa tasha, gwiwa na ciwo, ruwa na yayyafi. Motar ƙauyensu ta kusa cika. Elpina na kujerar baya, ta jingina goshi da gilashi, ta ɗora jakarta a wurin zaman da ke gefenta. Da ya iso ta ɗauke jakar ba tare da ta dube shi ba.

Sai da motar ta fita gari ta yi magana.

"Kaka, kai za ka faɗa wa Mama. 'Yarka ce, ni ba zan iya ba."