Rubutun da Ya Dawo da Jirgi

Tsohon kyaftin mai jarraba matuƙan jirgin ruwa a Bergen ya ture takardar lissafinta gefe.

"Uwargida, wannan ba shanya kifi ba ne. Rana ta kai tsaka a jirgi, agogon gida na nuna ƙarfe uku. Kina ina?"

"Digiri arba'in da biyar yamma da gida. Kowace awa sha biyar."

"Haddar marigayi mijinki ce. Gwani ne. Ina mataimakinsa lokacin da guguwa ta ɓatar da mu, lissafinsa ya dawo da mu."

Ta mayar da takardar gabansa, ta danne da yatsa.

"A shekarar idonsa ya daina ganin lamba. Dubi rubutun nan da kyau, kyaftin. Shi ka bi har gida."