Fulogin Motar Malam Tolib

Usta Mamasoli bakanike ya kwance fulogi na uku, ya ɗaga shi sama, ya daɗe yana kallon bakinsa kamar mai duba haƙorin rago. Bakin ya ƙone fari fat, har ya fara narkewa.

Ya ce wa Malam Tolib fulogi ba ya ƙarya. Motar da ake lallaɓawa, nata baƙi yake yi da hayaƙi. Wannan kuwa fulogin motar da ake kora ne a hanyar tsauni ba tausayi. Shawararsa, a sa mata irin mai jure zafi, na masu gudu.

Malam Tolib ya ji kamar an zage shi. Shekara talatin yana koyar da lissafi a garin Rishton, kullum a ƙafa yake zuwa makaranta. 'Yar farar motarsa mai silinda uku ba ta fita sai Lahadi, ran da yake kai mahaifiyarsa Holniso kasuwa. Tsohuwar ta kusa tamanin, sai an riƙe mata hannu take shiga, kuma da ya ja mota take rufe ido tana jan carbi. Don tausayinta bai taɓa wuce giya ta biyu ba. Masu keke kan wuce shi su gaishe shi.

"Usta, sa mini irin wanda ka saba," in ji shi. "Ni ba ɗan iska ba ne da zan sayi fulogin 'yan tsere."

Wata ɗaya aka yi, sababbin ma suka ƙone.

Nan Malam ya zauna ya yi abin da ya iya, wato lissafi. Mitar da ke ƙirga tafiya ta daɗe da mutuwa, ba za ta ba da shaida ba. Man fetur kuwa, ya sha bugun ƙirji a gidan shayi cewa motarsa ba ta sha, har wani makon yakan tarar ya ƙaru a tanki, yana cewa albarkar tuƙi a hankali ce. Yanzu ya gane wani ke cikawa. Sai ya tuna kujerar direba da yake yawan samu an matso da ita gaba.

Ban da shi, gajere ɗaya ne ke da makullin garejin, maƙwabcinsa Ergash, wanda suke ajiye kaya wuri guda tun suna samari. Ergash ɗin nan kuma shi ne aka fasa gurasar baiko da shi a bazara bisa al'adar garin, ɗansa zai auri 'yar Malam bayan an gama tsinkar auduga.

Abin ya ci Malam Tolib ƙwarai, domin yana ƙaunar Ergash. Amma ba zai ba da 'yarsa gidan wanda ke satar hawan mota ba. Ya same shi a gidan shayi, ya zube ƙonannun fulogai uku a kan faranti gaban dattawan unguwa, ya ce in ya kama shi da idonsa, a ranar zai mayar da kayan baiko.

Ergash ya rantse cewa ko jaki ba ya iya juyawa da kyau, balle mota. Dattawa suka yi ta zagaya fulogan hannu zuwa hannu, wani ya shinshina, wani ya ce aikin aljanu ne, a yi wa injin turare. Aka tashi Ergash na share ido da hularsa.

A gida Malam ya faɗa wa mahaifiyarsa komai. Tana zaune a tsakar gida tana lasar zumar tsauni da ta ce wata baiwar Allah ta kawo mata. Ta ce ya bar zancen, ya sayi fulogin da Usta ya ce kawai. Ya ce ita ba ta san harkar mota ba.

Ranar Talata ya fita da jakarsa kamar kullum, ya zagayo ta baya, ya kwanta a ƙasan kujerar baya da sifana a hannu, ya lulluɓa da tsohon bargo.

Da hantsi aka buɗe gareji. Aka ja kujera gaba, aka yi bisimilla can ƙasa-ƙasa, aka tayar.

Kafin a fita unguwa an riga an kai giya ta huɗu. Malam bai taɓa sanin motarsa na da irin wannan murya ba. Kwana ta farko ta buga kansa da ƙofar dama, ta biyu ta mayar da shi hagu. Yana jin hon na manyan motoci na tasowa gaba, ya koma baya ya ɓace. Ya so ya miƙe ya shaƙe Ergash, lissafi ya nuna masa in ya shaƙe direba a wannan gudun ba mai zuwa bikin 'yarsa. Ya kama kalmar shahada, ya yafe wa ɗalibansa duka.

Sun fi awa biyu, kunnuwansa suka toshe saboda hawan tsauni. Sai injin ya fara tari, motar ta yi fizga biyu, aka gangara gefen hanya. Aka fita, aka ɗaga murfin inji.

Malam Tolib ya rarrafo waje, ga sanyi, ga rami a gefe wanda ba a ganin ƙarshensa. Ya ɗaga sifana, ya zagaya gaban motar yana haɗa maganar da zai kashe abotar shekara arba'in da ita.

Daga ƙarƙashin murfin aka miƙo hannu ba tare da an waiwayo ba, carbi na lilo a wuyan hannun.

"Ba ni sifanar nan, Tolibjon ɗana, tun daga gida nake jin nishinka," in ji mahaifiyarsa. "Shekara ashirin ina rufe ido don kada in ga tuƙinka, fulogi ma ba za ka iya saya mini na kirki ba?"