Huguette Ba Ta Faɗuwa

Huguette Bellerose na zaɓen cuku a kasuwar Jean-Talon lokacin da ta hango farar motar kaya mai baƙin gilashi a fake a bakin titi. Ta yi murmushi, don ta tabbata an ɓoye kyamara a ciki. Ɗaya ga Afrilu ne, ranar da duk Montreal ke yi wa juna wasan rainin hankali.

Rabin rayuwarta ta yi a shirin ɓoyayyiyar kyamara na talabijin. Ta fito a matsayin 'yar sanda, ta fito a amaryar da ango ya gudu ya bari, har gawa ta taɓa zama, ta miƙe zaune cikin akwatin gawa. Mutanen da ta firgita ba su ƙirguwa. Amma ita, ko sau ɗaya abokan aikinta ba su taɓa kama ta ba, kuma kowace shekara sai sun gwada. Gaétan, daraktan shirin, ya rantse sai ya ɗauki hawayenta a kyamara kafin ya yi ritaya. Ita kuwa ta ce sai dai bayan ranta.

Wata mata mai jan kwat ta tsaya a gabanta.

"Madam Bellerose? Sunana Maude. Yau nake cika shekara arba'in. An ce ke ce kika haife ni."

Huguette ta kafa mata ido. Tana 'yar shekara sha bakwai ta haifi jaririya a rana irin ta yau, aka karɓe ta kafin ta gama kallon fuskarta. Duk duniya mutum ɗaya ta taɓa gaya wa, wato Gaétan, wata rana da baƙin ciki ya fi ƙarfinta. Ashe abin da ya adana ke nan. Amanar da ta ba shi ce ya mayar abin dariya.

Ranta ya ɓaci matuƙa, amma fuskarta ba ta motsa ba. Hawayen nan dai ba za su gani ba.

Ta ƙare wa matar kallo irin na gwanaye. Da gani sabuwa ce a harkar. Ta tsaya ta tare wa motar fuskar Huguette, abin da ko ɗan koyo ba ya yi. Babu alamar na'urar sauraro a kunnenta, wannan kam sun iya ɓoyewa. Kukan ma ya yi yawa, har da majina.

"Sannu da ƙoƙari, 'yan mata," in ji Huguette. "A wace makaranta aka koya miki kuka? Ki koma, ba su gama da ke ba."

"Ban gane ba, Madam. Na daɗe ina..."

"Ki gaya wa wanda ya aiko ki, Huguette ba ta faɗuwa. Ni ba ni da 'ya, ban taɓa yi ba, ba na kuma nema."

Ta ajiye cukun, ta shiga tafa mata a hankali, da ƙarfi, har masu sayar da tuffa suka juyo suna dariya. Sannan ta harɗe hannu tana jira. Ƙa'idar sana'ar ce: idan wasa ya ƙare, ɗan wasa zai nuna kyamara da yatsa, a rungumi juna.

Matar ba ta nuna komai ba. Ta goge fuska da hannun riga, ta ratsa cikin jama'a ta nufi tashar jirgin ƙasa.

Huguette ta taka cikin ƙanƙarar da ke narkewa har gaban motar, ta fizge ƙofar baya. Buhunan dankali ne, da direba yana cin burodi.

Ta kira Gaétan a waya cikin fushi. "Kai marar kunya, ka fito daga inda ka ɓuya! Matar da ka turo ba ta iya komai ba."

"Wace mata?" in ji shi. "Huguette, muna Toronto tun jiya, ni da ma'aikatan shirin da kyamarorin duka. Bana mun haƙura da ke."

Ta juya da gudu tana neman jan kwat cikin taron, amma 'yarta ta riga ta tafi.