Jikan Sarkawa da Dorina Mai Jego

Malama Kulu, tunda ke za ki ja ɗalibai zuwa daji bana, ajiye jakar nan ki zauna, in ba ki wani misali da na daɗe ina juyawa a raina.

An yi wani mai bincike, masanin kifi, da wata tambaya ta hana shi sakat: me ya sa karfasar wani gurbi a kogi take ƙanƙancewa kowace shekara, alhali ta sauran wurare tana nan ɓul-ɓul? Mutum ne mai son sani har ya yi yawa. In ya ga kifi a kasuwa sai ya buɗe masa baki ya leƙa, mai kifi na harararsa. Ya tattara kwalabensa na ɗibar ruwa da ma'auninsa, ya nufi ƙauyen da ke bakin kogin. Asalinsa ɗan Sarkawa ne, masunta gaba da baya, amma a birni aka haife shi, ruwan da ya sani bai wuce na bokiti ba. Ko iyo bai iya ba. Da suka gaisa da masuncin da zai tuƙa shi a jirgi, sai aka shiga tambayar asali, kin dai san mutanenmu. Yana faɗin sunan kakansa, masunci ya dafe ƙirji ya shiga yi masa kirari: jikan wane, mai nutsewa ya fito da giwan ruwa a rungume! Mata masu wanki suka bar wanki, aka taru ana kallonsa. To fa! Wanda aka yi wa wannan kirarin, da wane baki zai ce bai iya iyo ba? Yana da rigar nan mai hana nutsewa a cikin jaka. Ya taɓa ta, ya dubi idon jama'a, ya bar ta a gindin kanya.

Shi ma masuncin da tasa a ciki. Hanya biyu ce zuwa gurbin: doguwa mai zagaye tsibiri, da gajera mai ratsa ciyayi, inda wata dorina ta haihu kwanan nan. Dorina mai jego kuwa ba ta san wasa ba. Da wani baƙo ne daban, da ya gaya masa kai tsaye sun bi doguwa. Amma jikan wane? Ya ce a ransa, in na ambaci dorina kamar na ce matsoraci ne, ai ba a koya wa ɗan Sarkawa ruwa. Ga sawunta ma ɓaro-ɓaro a laka, ga kashinta da ta watsa a kan ciyawa. Masunci ya ƙara cewa a ransa, ai baƙon nan ya gani da idonsa, tunda bai ce uffan ba ya yarda ke nan, in ma ta kifar da mu sai mu yi iyo. Kuma gaskiya ne, mai binciken ya gani! Har ya tsaya a kan sawun yana mamakin faɗinsa, kamar faranti, tambaya ta zo masa har leɓe: wannan kuma na mene ne? Mutumin da ya baro garinsu don ya ji dalilin ramar kifi, sai ga shi ya haɗiye wannan tambayar, don kada a gane bai sani ba.

Suka shiga jirgi, suka kama gajerar hanya. Mai binciken na sunkuye yana cika kwalba, ruwa ya yi wata irin kumfa, jirgin ya ɗaga sama ya kife. Masunci ya yi iyonsa hankali kwance har bakin tsibiri, ya juyo zai yi wa abokin tafiyarsa barka da arziki. Wayam! Babu kowa sai hula tana yawo a kan ruwa. Ya sake faɗawa, dorina na huci a gefe, ya nutsa ya laluba, ya nutsa ya laluba, Allah ya sa ya cafko shi ta wuyan riga. Ya jawo shi kan yashi, ya yi ta danna shi har ya amayar da ruwan da ya sha. Kwalabe da ma'auni kogi ya cinye. Jirgin da masunci ke ciyar da iyalinsa da shi kuwa, dorina ta raba shi biyu.

Da mai binciken ya buɗe ido, masunci na tsaye a kansa, hawaye na zuba don haushi. Ya ce, "Haba ɗan'uwa! Da ka ce ba ka iya ruwa ba, wallahi ko kusa da nan ba zan biyo da kai ba."

Shi kuma cikin tari ya ce, "Da ka ce akwai dorina, da ban sa ƙafata a jirgin nan ba."

Abin da ke ɗaure mini kai, Malama, a cikinsu babu mugu, babu maƙaryaci. Wannan ya san ruwan, wancan ya san kansa, kara ta rufe bakin ɗaya, kunya ta rufe na ɗayan, saura ƙiris su kashe juna da ladabi. Ni abin yana ba ni haushi, wallahi. Saboda haka in kun isa, faɗi abin da kowa ya sani ɗin da babbar murya, ko da za a ce kin raina mutane. Ki ja kowane ɗalibi gefe, inda babu idon 'yan'uwansa, ki tambaye shi abin da ba ya iyawa, ki kuma fara gaya masa naki. Ai Bahaushe ya gama magana tuntuni: ranar wanka ba a ɓoyon cibi.